Ɗan Tsere Ba Shi Da Makaɗi

Duk wanda ya yi firamare a Gaya a shekarun da aka buɗe ƙofar ilimi kyauta, wato daga 1976 zuwa sama, ba zai manta da hidimar da akan shiga ba in watan Mayu ya doshi ƙarewa. Ranar 27 ga wata ita ce Ranar Yara, kuma tun saura mako biyu ake ajiye alli a fita fili. Malamai su kasa mu gida-gida, a sa mu tsince tsidau da karangiya, a aiki 'yan mata cikin gari su roƙo toka a kwano, domin da toka ake jan layin tsere. To a irin wannan lokaci ne wani dattijo yakan bayyana a bakin filin bisa tsohon kekensa, da igiya naɗe a kariya, da wata 'yar wuƙa a aljihu. Ba malaminmu ba ne, ba kuma wanda ya aika masa. Daga wani ƙauye na ƙasar Ajingi yake tasowa tun da asuba, ya yi abin da ya kawo shi, ya koma ba tare da an ba shi ko goro ba.

Aikinsa na farko awo ne. Igiyar nan tana da ƙulli a kowane yadi goma, sai ya sa yaro ya riƙe bakinta, shi kuma ya yi ta ja har ya cika yadi 100, ya kafa tsinke. Malamanmu sukan ce masa, "Baba, ai yanzu an koma mita." Shi kuwa sai ya yi murmushi ya ce, "Malam, ku dai bar ni in auna abin da na sani." In ya gama, sai ya durƙusa a bakin layi, ya zaro wuƙarsa, ya haƙa 'yan ramuka biyu, ɗaya gaba ɗaya baya, daidai yadda yatsun ƙafa za su shige. Mu kuwa yara me za mu yi in ba dariya ba? Muka laƙaba masa Baba mai haƙar gyare.

Wata rana da dariyar ta yi yawa, sai muka ga ya tattare rigarsa ya ɗaure a ƙugu, ya tuɓe takalmi, ya sa ƙafafu a ramukan nan, ya dafa ƙasa da yatsun hannu, ya sunkuyar da kai. Ya ce da malamin wasanni ya busa usur. Wallahi kafin ƙarar usur ɗin ta gama fita, mutumin nan da furfura ta fara keto masa ya riga ya yi nisa, sai ƙura muka gani a inda yake. Bai wuce taki talatin ba ya tsaya, ya juyo yana haki yana dariya. Fili ya yi tsit. A nan ne hedimasta ya ce mana, "Kun ga wannan da kuke yi wa dariya? A zamaninsa ƙeyarsa kawai abokan tserensa suka sani." Muka ji, muka yi mamaki na yini guda, muka manta, kamar dai yadda yara suka saba.

Shekaru suka shuɗe, muka girma, Allah ya sa muka shiga sahun masu riƙe alƙalami. Mun rubuta labarin masoyan da iyaye suka raba, mun rubuta na kishiyoyi da na attajiran birni, amma ko sau ɗaya Baba bai faɗo mana a rai ba. Sai a shekarar 2009, lokacin da Usain Bolt na ƙasar Jamaika ya gudu mita 100 cikin sakan 9.58 a birnin Berlin. Muna zaune a wani gidan kallo a Gaya ana ta maimaita hoton, samari suna ihu kamar ɗan unguwarsu ne ya ci. Da muka ga yadda Bolt ya durƙusa ya dafa ƙasa kafin tashi, sai ramukan nan biyu suka dawo mana. Muka tambayi samarin ko sun san a ƙasar nan tasu an taɓa yin wani ɗan tsere. Suka dube mu kamar mun yi musu Larabci.

Bayan kwana kaɗan muka hau babur muka nufi ƙauyensa. Muka same shi a gindin darbejiya a ƙofar gida, tsufa ya kama shi, idanu sun yi rauni, amma hankali garau. Muka gaisa, muka gaya masa ko su wane ne mu. Ya ce, "Au, 'yan dariyar nan ne? Ku zauna, 'ya'yana." Aka kawo mana fura, ya shiga ba mu labari.

Ya ce gudunsa ya samo asali ne daga kiwo da farauta, domin tun yana ƙarami shi ake turawa in akuya ta ɓalle, kuma in an tashi zomo yakan bi bayan karnuka ya riga manya isa. Da aka ɗauke shi makarantar elementare, wadda a wancan zamani iyaye ke ɓoye 'ya'yansu don gudunta, sai malamai suka lura da ƙafarsa a wasannin Ranar Emfaya. Wannan biki ne da Turawan mulki ke yi kowace shekara ran 24 ga Mayu, ranar haihuwar Sarauniya Biktoriya, inda 'yan makaranta ke yin fareti da guje-guje da tsalle-tsalle. Daga nan ya ci jarrabawa ya tafi Midil ta Kano, wadda yau ake kira Kwalejin Rumfa. A can ya san cewa gudu ma ilimi ne. A can aka koya masa yadi 100 da yadi 220, aka koya masa cewa tseren gajeren zango tun a wurin tashi ake cinsa, aka kuma koya masa haƙa ramin da zai tokare ƙafa. Ashe abin da muke yi wa dariya haka duniya duka take yi a lokacin. Jesse Owens ma da ya ci zinare huɗu a Berlin a 1936 rami ya haƙa, domin a gasar Olamfik sai a wasannin Landan na 1948 aka fara amfani da matokarin da ake kafawa a ƙasa.

Muka ce, "Baba, cikin sakan nawa kake cinye yadi ɗari?" Ya yi dariya ya ce, "Bature ke riƙe da agogo. Na tsinka zare, ya dubi agogo, ya dube ni, ya sake duban agogo, ya rubuta a littafinsa. Ni dai ba a gaya mini ba, ban kuma ga fuskar tambaya ba." Ladan da ya samu kuwa shi ne sandar sabulu, da tawul, da wani ɗan kofi na ƙarfe, da takardar shaida. Kuɗi kam babu, domin ƙa'idar Turawa a lokacin ita ce, duk wanda ya karɓi ko kwabo saboda gudu ya fita daga sahun masu wasa don sha'awa, ba shi ba shiga gasarsu. A Ingila aka kafa ƙungiyar da ke tsare wannan ƙa'ida a 1880, a Nijeriya kuma aka kafa irinta a 1944.

Ƙarshen gudunsa ya zo ne a zauren mahaifinsa. Ya dawo hutu ɗauke da kofin nan yana murna, ya kuma zo da labarin cewa ana so a tafi da shi wata babbar gasa a wajen lardi. Tsohon ya karɓi kofin, ya juya shi, ya leƙa cikinsa, sa'an nan ya ce, "Ka ce gudu ka yi aka ba ka wannan? To wa ya biyo ka?" Ya ce babu kowa. Tsohon ya ce, "Ni ban haifi zagi ba. In ka gama karatun ka zo ka nemi abin yi." Shi ke nan, magana ta ƙare. Ya gama Midil ya zama malamin sikeli a wurin sayen gyaɗa, daga baya ya koma gona. Muka nemi ganin takardar shaidar, ya ce gara ta cinye ta tun tuni. Kofin kuwa aka ɗauko mana daga ɗakin uwargida, inda ya shekara da shekaru yana ajiyar allura da zare da maɓallai.

Tambayar nan ta mahaifin Baba, "wa ya biyo ka?", ta daɗe tana yi mana yawo a kai, kuma da muka natsu sai muka ga ba laifin tsohon ba ne shi kaɗai, harshenmu ne ya yi magana da bakinsa. Mai karatu ya duba da kansa yadda Bahaushe ke faɗin gudu. Wane ya ranta a na kare. Wane ya cika wa rigarsa iska. Wane ya ce ƙafa me na ci ban ba ki ba. Akwai gudun ceton rai, akwai gudun hijira, ga kuma gudu da waiwaya da aka ce shi ke kawo mugun zato. Duk inda mutum ya zuba a guje a cikin maganarmu, to ko dai tsoro ya kore shi ko kuwa ya yi abin kunya. Jarumi kuwa ƙi-gudu ake ce masa, har ma in ana so a rage masa girman kai sai a ce sa-gudu ne bai zo ba. Babban mutum tafiyar ƙasaita aka san shi da ita. Wanda ke gudu a bainar jama'a ba tare da an kore shi ba, ko dai yaro ne, ko ɗan aike, ko zagin da ke gaban dokin sarki. In ma an yabi gudu, to na barewa ne ko na dokin sukuwa.

Wannan shi ya sa ɗan tsere bai sami makaɗi ba. Ɗan dambe yana da nasa: Muhammadu Bawa Ɗan Anace ya yi wa Shago waƙar da ta sa har gobe yaron da bai taɓa zuwa fagen dambe ba ya san Shago, ya san Ɗandunawa. 'Yan kokawa suna da makaɗansu, manoma suna da nasu, mahauta da maƙera da mafarauta kowa da kiɗansa da kirarinsa. Direbobin mota ma, da sana'arsu baƙuwa ce, sun sami Alhaji Mamman Shata. Amma tseren ƙafa na awo da agogo ta ƙofar makarantar boko ya shigo, bai kuma taɓa fita daga harabarta ya shiga dandali ba. Daɗin daɗawa, abu ne na ƙiftawa da bisimilla. Dambe yana da turmi uku da za a zauna a yi ta labarinsu, shi kuwa wannan kafin makaɗi ya gyara zaman kalangunsa an gama. Abin da ke riƙe sunan ɗan tsere biyu ne kawai, lamba da rubutu, ga shi kuwa lambar Baba ta tafi cikin littafin Bature.

Kada a ce wannan mantuwa tamu ce mu kaɗai. Da muka shiga bin diddigin 'yan tseren farko, sai muka ci karo da labarin wani ɗan Afirka ta Yamma da ya kamata kowane marubuci ya sani, wato Arthur Wharton. An haife shi a 1865 a unguwar Jamestown ta birnin Ankara, a ƙasar da yau ake kira Gana. Mahaifinsa limamin coci ne ɗan tsibirin Grenada, mahaifiyarsa kuma 'yar gidan sarautar Fante ce. A 1882 aka tura shi Ingila don ya yi karatun aikin mishan, sai wasanni suka ɗauke masa hankali. A watan Yuli na 1886, a filin Stamford Bridge da ke Landan, ya shiga gasar zakarun masu gudu don sha'awa ta ƙasar Ingila, ya gudu yadi 100, wato kimanin mita 91, cikin sakan 10 cif, ya zama zakara. A 1887 ya sake cinye wannan gasa. Baƙar fata ke nan daga gaɓar tekunmu, a tsakiyar zamanin da Turawa ke rabon Afirka a kan tebur, ya bar 'ya'yansu suna kallon ƙeyarsa.

To amma kofi ba ya cika ciki. Ƙa'idar nan ta gudu ba lada masu hali ne suka tsara ta don kansu, mutanen da ba su damu da abin da za a ci gobe ba. Wharton ba shi da gadon da zai jingina da shi, saboda haka a 1888 ya koma birnin Sheffield ya shiga gudun kuɗi, ya kuwa ci babbar gasar da ake yi a can a watan Satumba na shekarar. Da ma yana tsaron gida a ƙwallon ƙafa, ya yi wa Darlington da Preston North End wasa. A 1889 ya sa hannu da Rotherham Town a kan albashi, abin da ya sa ake lissafa shi baƙar fata na farko da ya mai da ƙwallon ƙafa sana'a. Ya je Sheffield United a 1894, ya yi ta sauya ƙungiyoyi har ya ajiye wasa a 1902. Daga nan duniya ta juya masa baya. Mutumin da dubban jama'a suka yi wa tafi ya ƙare yana aikin ƙarfi a mahaƙar kwal ta Edlington, ya rasu a 1930 ba shi da ko anini, aka binne shi a kabarin da babu ko alama.

Shekara sittin da bakwai kabarin nan yana haka. Sai a 1997 wata ƙungiya mai yaƙi da wariyar launin fata a ƙwallon ƙafa ta tara kuɗi aka kafa masa alama. A 1998 wani marubuci mai suna Phil Vasili ya fitar da littafin tarihin rayuwarsa, bayan ya bi tsofaffin jaridu ya tattaro abin da ya warwatse. A 2003 aka sa sunansa cikin jerin gwarzayen ƙwallon ƙafa na Ingila, a 2014 kuma aka kafa mutum-mutuminsa a cibiyar horar da 'yan wasan ƙasar da ke St George's Park. Abin lura a nan, 'yan'uwa, shi ne Wharton ya dawo ne domin an rubuta. 'Yan jaridar zamaninsa sun rubuta ranar da lambar, shi ya sa da mai bincike ya zo bayan shekara ɗari ya sami abin kamawa.

Mu fa? A 1952 Nijeriya ta fara zuwa wasannin Olamfik a Helsinki. A 1954, a wasannin ƙasashen renon Ingila da aka yi a Vancouver ta ƙasar Kanada, mutum huɗu suka ciyo mana azurfa a tseren miƙa sanda: Muslim Arogundade, da Edward Ajado, da Karim Olowu, da Abdulkarim Amu. Olowu ya ƙara da wata azurfar a dogon tsalle, Amu kuwa ya je Olamfik na 1956 da na 1960, daga baya ya shugabanci hukumar guje-guje ta ƙasa. A 1968 kuma, ana tsakiyar yaƙin basasa, Musa Dogon Yaro da Mamman Makama suka yi wa Nijeriya gudun mita 400 a Olamfik na birnin Meziko. Mai karatu ya tsaya ya tambayi kansa tsakani da Allah: a cikin ɗimbin littattafan Hausa da ya karanta, a wane shafi ya taɓa cin karo da ɗaya daga cikin waɗannan sunaye? In waɗanda suka tsallaka teku da tutar ƙasa haka muka yi musu, ina ga wanda gudunsa ya tsaya a filin Midil?

A nan ne za mu faɗi namu laifin, domin ba ma so mu nuna wa kowa yatsa mu bar kanmu. Ranar da muka je wurin Baba, hira muka je yi. Ba mu riƙe littafi ba, ba mu ɗauki muryarsa ba, alhali kuwa da waya a aljihunmu. Ya ambaci sunayen abokan tserensa, ya ambaci malamin da ya koya masa tashi, ya faɗi garuruwan da suka fito, muka yi ta gyaɗa kai muna cewa in an gama girbi za mu dawo da shiri sosai. Ya ce, "To, Allah ya kai mu, amma ku sani ni yanzu ba na jiran usur." Muka yi dariya kamar yadda muka saba yi masa. Girbi ya wuce, wani ya zo ya wuce, hidimomin birni suka riƙe mu. Ranar da muka koma, sai muka tarar da tabarmarsa a naɗe a jingine da darbejiya. Abin da ke cikin wannan rubutu shi ne kaɗai ya rage a kanmu, sauran sun bi shi.

Saboda haka kiranmu ga 'yan ƙungiya, musamman matasa masu tasowa da kullum ke tambayar me za su rubuta, shi ne su duba kusa da gida. Tsakanin Gaya da Kademi, tsakanin Ajingi da Toranke da Balare, akwai dattawan da suka yi tseren makaranta kafin mulkin kai da bayansa, akwai tsofaffin malaman wasanni, akwai iyaye mata da suka yi gudu suna 'yan mata kafin a ɗaura musu aure, ba wanda ya taɓa tambayarsu. A je musu da littafi da alƙalami tun a zuwan farko. A tambayi shekara, a tambayi fili, a tambayi wanda ya zo na biyu. A nemi ganin kofi da hoto da takarda kafin gara ta riga mu. Wanda ya sami hali ya leƙa Gidan Ɗan Hausa a Kano, ko Gidan Arewa da ma'ajiyar tarihi ta ƙasa a Kaduna, ya buɗe tsofaffin kofen Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda ta fara fitowa tun 1939, ya bi su a hankali. Ba lalle sai littafi guda ba, shafi biyu ma a wannan mujalla ya fi babu.

Da za mu taso daga gidan a zuwanmu na ƙarshe, uwargidansa ta sa aka kira mu. Ta zazzage allurai da maɓallan a gefen zanenta, ta miƙo mana kofin ta bayan labule, ta ce, "Ya ce in 'yan dariyar nan sun dawo a ba su." Yana nan a kan teburinmu, cikinsa muke ajiye alƙaluma. Allah ya jiƙan Baba, ya kai haske kabarinsa, mu kuma ya ba mu ikon sauke nauyin da ke kanmu tun da sauran masu ba da labari, amin.